Yaya ake ɗaukar fim ɗin abin da ido ba ya gani?

Wane fim ake magana a kai?

Particle Fever, fim ɗin gaskiya da ya fito a 2013. An ɗauke shi a CERN, cibiyar binciken ƙwayoyin zarra da ƙasashen Turai suka kafa a 1954 kusa da Jeniba, kan iyakar Suwizalan da Faransa. Can ƙarƙashin ƙasa, zurfin kimanin mita 100, akwai rami mai zagaye na kilomita 27. A cikinsa na'urar LHC ke harba ƙwayoyin furoton da gudu dab da na haske, su yi karo da juna.

To me kyamara za ta ɗauka, tunda karon ba ya ganuwa?

Fuskokin mutane. Abin da karon ke bari lambobi ne da zane-zane a allon kwamfuta, kuma ba mai zaman kallon wannan. Daraktan, Mark Levinson, wanda shi kansa ya yi digirin digirgir a kimiyyar ƙwayoyin zarra, sai ya bi wasu masana shekara da shekaru. Ya ga murnarsu ranar 10 ga Satumba 2008 da aka kunna na'urar. Kwana tara bayan nan, haɗin lantarki tsakanin maganaɗisu biyu ya narke, iskar heliyum da ke sanyaya su ta ɓalle, sai da aka ciro maganaɗisu 53. Gyara ya ci sama da shekara. Masifa ce ga masanan, amma ita ta ba fim ɗin armashi.

Me suke nema haka?

Ƙwayar Higgs, wadda ke tabbatar da bayanin yadda wasu ƙwayoyi ke samun nauyi. Tun 1964 masani Peter Higgs da wasu suka yi hasashenta. Ranar 4 ga Yuli 2012 aka sanar da gano ta, Peter Higgs na zaune a zauren, ɗan shekara 83, yana share hawaye.

Ke nan an gama?

Ina! Fim ɗin ya nuna ɓangarori biyu na masana masu saɓanin ra'ayi kan yadda sararin samaniya ya ginu: in nauyin ƙwayar ya kai wajen 115 a ma'aunin GeV, ra'ayin ɗaya ya samu ƙarfi; in 140 ne, na ɗayan. Sai ya fito kusan 125, tsaka-tsaki. Kowa ya koma gida da gardamarsa, kuma har yau ba a raba ta ba.