Ibn Rushd

Abul Walid Muhammad bin Ahmad bin Rushd (1126–1198, wato 520–595 bayan Hijira) alƙali ne, likita, kuma masanin falsafa daga birnin Ƙurɗuba na ƙasar Andalus, a kudancin Sifaniya ta yau. Malaman fiƙihu suna ce masa al-Hafid, jika ke nan, don kada a haɗa shi da kakansa mai suna irin nasa. Turawa kuwa sun san shi da Averroes.

Asali da karatu

A gidan alƙalai aka haife shi. Kakansa ya riƙe babban alƙalin Ƙurɗuba, mahaifinsa ma ya yi alƙalanci a garin. Kakan jigo ne a mazhabar Malikiyya, shi ya rubuta al-Bayan wat-Tahsil, kuma duk inda almajiri ya ci karo da sunan Ibn Rushd cikin Mukhtasar na Khalil, kakan ake nufi. Kakan ya rasu a shekarar da aka haifi jikan. Yaron ya tashi da Muwaɗɗa da fiƙihu da hadisi, daga baya ya ƙara da likitanci da ilimin taurari da falsafa. Masu tarihin rayuwarsa sun ce tun da ya yi wayo, dare biyu kawai ya yi bai duba littafi ba: daren rasuwar mahaifinsa da daren aurensa.

Wajajen 1169 Ibn Ɗufail, likitan fada, ya gabatar da shi ga halifan daular Muwahhidun, Abu Ya'aƙub Yusuf. Halifan ya tambaye shi abin da masana falsafa ke cewa a kan sammai, ko daɗaɗɗu ne ko fararru. Tsoro ya kama Ibn Rushd, ya fara kame-kame, sai halifan ya shiga warware mas'alar da kansa har hankalin baƙon ya kwanta. Daga baya halifan ya koka cewa littattafan Aristotal, masanin falsafar tsohuwar Girka, sun yi tsauri, aka ɗora wa Ibn Rushd aikin yi musu sharhi. An naɗa shi alƙalin Ishbiliya, aka mai da shi Ƙurɗuba, a 1182 kuma ya gaji Ibn Ɗufail a matsayin likitan halifa.

Fiƙihu

Littafinsa da ya fi shiga hannun ɗalibai a ƙasashen Malikiyya, har da ƙasar Hausa, shi ne Bidayatul Mujtahid wa Nihayatul Muƙtasid. Tsarinsa ya bambanta da na littattafan haddar hukunci. Yakan kawo mas'ala, ya jero abin da Malik da Shafi'i da Abu Hanifa da Zahiriyya suka ce, sannan ya tsaya a kan sababin saɓaninsu: ko hadisai biyu ne zahirinsu ya ci karo, ko kalma ce mai ɗaukar ma'ana biyu, ko ƙiyasi ne ya yi karo da nassi. A nan ƙimar littafin take. A cikinsa ya soki mutanen zamaninsa da ke ɗaukar mai yawan haddar mas'aloli a matsayin mafi fiƙihu. Ya ce mai tarin takalma ba shi ne baduku ba, domin wata rana za a zo masa da ƙafar da ba shi da takalminta. Baduku shi ne wanda zai ɗinka wa kowace ƙafa nata.

Falsafa da jayayya da Gazali

Imam al-Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya rubuta Tahafutul Falasifa, inda ya ƙalubalanci masana falsafar Musulmi Farabi da Ibn Sina a mas'aloli 20. Ya kafirta masana falsafa a uku daga ciki: cewa duniya ba ta da farko, cewa sanin Allah bai shafi ɗaiɗaikun abubuwa ba, da musun tashin jikkuna ranar alƙiyama. Ibn Rushd ya mai da martani da Tahafutut Tahafut, yana kawo maganar Gazali sakin layi bayan sakin layi yana amsawa. Abin lura shi ne bai tsaya kare Ibn Sina ido rufe ba. Sau da yawa yakan ce Ibn Sina ne ya karkatar da maganar Aristotal.

Inda jayayyar ta fi zafi shi ne batun sababi. Gazali ya ce idan wuta ta taɓa auduga ta ƙone, haɗuwarsu kawai muka gani, mai ƙonawar Allah ne, kuma babu tilas tsakanin biyun. Ibn Rushd ya amsa cewa hankali ba komai ba ne face gane abubuwa ta sabubbansu, don haka wanda ya kore sababi ya kore hankali, ya kuma rufe ƙofar gane hikimar Mahalicci cikin halittarsa. Duk mai karatun Bidaya zai gane mutumin nan take, domin sababin da yake bi a saɓanin malamai shi yake bi a nan ma.

A ƙaramin littafinsa Faslul Maƙal ya yi magana da harshen mufti. Ya tambayi hukuncin nazarin falsafa a shari'a, ya kafa hujja da ayar Suratul Hashri mai umartar ma'abota basira su yi lura, ya yanke cewa nazarin wajibi ne a kan wanda ya cancanta. Gaskiya, in ji shi, ba ta karo da gaskiya. Sai dai ya hana a yaɗa tawili a gaban jama'ar da ba su da kayan aikinsa, har ya zargi Gazali da yin hakan.

Jarrabawa da rasuwa

A 1195, lokacin yaƙi da sarakunan Kirista na arewacin Sifaniya, halifa Ya'aƙub al-Mansur ya juya masa baya. An tuhume shi a bainar jama'a a Ƙurɗuba, aka kore shi zuwa garin Lusena, aka ba da umarnin ƙona littattafan falsafa. Ba a daɗe ba halifan ya yafe masa, ya kira shi Marrakesh, inda ya rasu a Disambar 1198. Daga baya aka ɗauko gawarsa zuwa Ƙurɗuba.

Tasirinsa

Falsafarsa ba ta samu magada da yawa a duniyar Musulmi ba a ƙarnonin da suka biyo. A hannun malaman Yahudu da na Kirista ta yi tashe. Michael Scot ya fassara manyan sharhohinsa zuwa Latin a farkon ƙarni na 13, har malaman jami'o'in Turai suka riƙa ce masa Mai Sharhi kawai, ba sai an ambaci suna ba. Ra'ayinsa cewa hankalin da ke karɓar ilimi ɗaya ne ga dukkan 'yan Adam ya tayar da ƙura: malamin Kirista Thomas Aquinas ya rubuta raddi a kai a 1270, sannan a 1277 bishop na Paris ya haramta ra'ayoyi 219, wasunsu na masu bin Ibn Rushd ne. Duk da haka jami'ar Padua ta Italiya ta ci gaba da karantar da shi har cikin ƙarni na 16. Abin takaici, wasu daga cikin sharhohinsa sun ɓace a Larabcin da ya rubuta su, sai a fassarar Ibrananci ko Latin ake samunsu, ciki har da sharhinsa a kan littafin siyasa na Plato, malamin Aristotal.