Waiwaye: Yadda Haƙar Zinare Ta Jefa Al'ummar Yanomami Cikin Yunwa

A watan Janairun 2023 aka fara ganin hotunan yara da tsofaffi daga arewacin Birazil, sun rame har ana ƙirga haƙarƙarinsu. Gwamnati ta ayyana dokar ta-ɓaci kan lafiya, Shugaba Lula ya je Boa Vista, babban birnin jihar da abin ya faru, da kansa. Alƙaluma sun nuna yaran al'ummar Yanomami 570 'yan ƙasa da shekara biyar sun mutu cikin shekara huɗu, da cututtukan da ake iya magancewa. To ta yaya yunwa ta kama mutanen da tun kaka da kakanni dajin Amazon ke ciyar da su?

Al'ummar Yanomami na zaune a iyakar Birazil da Venezuela, kimanin mutum 30,000 a ɓangaren Birazil. Ba da kuɗi suke rayuwa ba. Sukan share ɗan fili a daji, su ƙone shi, su dasa ayaba da rogo da taba. In ƙasar ta gaji bayan 'yan shekaru sai su koma wani wuri, su bar ta ta huta har daji ya sake rufe ta. Maza su yi farauta da kwari da baka, mata su tara 'ya'yan itace da ƙaguwa, a kama kifi a kogi. Dangi da yawa na kwana a babban gida ɗaya mai zagaye. Abin da ya fi burge ni shi ne al'adarsu kan nama: maharbi ba ya cin abin da ya harbo, sai ya rabar, shi kuma ya ci na wani. Irin wannan zama ba ya yiwuwa sai da daji mai faɗi da ruwa mai tsabta.

Ɓarakar ta fara ne a 1973, da gwamnatin soja ta ratsa yankinsu da titin Perimetral Norte. Ma'aikata suka shigo da ƙyanda da mura, ƙauyuka suka ƙare. Daga baya binciken gwamnati ya nuna akwai ma'adinai a ƙasar, labari ya bazu. Daga 1987 masu haƙar zinare, waɗanda ake kira garimpeiros, suka kwararo har kusan 40,000, suna sauka da ƙananan jirage a filayen da suka share a daji. An ƙiyasta cewa mutum ɗaya cikin biyar na Yanomami ya mutu a shekara bakwai.

Kundin tsarin mulkin 1988 ya amince da haƙƙin 'yan asalin ƙasa kan filayensu. Bayan gwagwarmayar jagoransu Davi Kopenawa da masu mara masa baya, aka shata musu yanki mai faɗin kusan hekta miliyan 9.6 a 1992. Shekara ɗaya tak bayan haka masu haƙa suka kashe mutum 16 a ƙauyen Haximu, kotu kuma ta yanke cewa kisan ƙare dangi ne.

Ɓarnar haƙa ta fi harsashi yawa. Ƙarar injina tana korar namun daji. Ramukan da ake bari suna tara ruwa, sauro ya hayayyafa, mai fama da zazzaɓi kuwa ba ya iya zuwa gona. Zaibar da ake tace zinare da ita tana gangarawa kogi, kifi ya ɗauka, mai ciki ta ci. Wanda ya tuna yaran Zamfara da gubar dalma ta kashe a 2010 ya san irin wannan ciwo. Ga matasa da ake yaudara da barasa da bindiga da shinkafa, su watsar da noma.

A zamanin Shugaba Jair Bolsonaro, daga 2019 zuwa 2022, sa ido ya yi sanyi, masu haƙa suka koma kusan 20,000, wasu asibitocin karkara suka rufe. Wata doka ta 2013 ma ta ba mai sayen zinare damar yarda da kalmar mai sayarwa kan inda aka haƙo shi, ba tare da bincike ba, har sai da Kotun Ƙoli ta dakatar da ita a 2023.

Tun daga nan jami'ai ke ƙona jirage da injinan masu haƙa, kuma yawancinsu sun fice. Amma farashin zinare na ta hauhawa, wasu na sulalewa su dawo ta iyakar Venezuela. Zaibar da ta kwanta a kogunan Uraricoera da Mucajaí tana nan, kuma daga cikinsu mutane ke kama kifin da za su ci yau.