Dariyar da ta fi kuka ciwo: yaushe take sauƙi, yaushe take neman agaji?

Wanda bai taɓa kwana a ɗakin jinya ba yana zaton babu abin da ake ji a ciki sai nishi da salati. Mu da muke aiki a wurin mun san ana dariya, wani lokaci har da ƙyaƙyatawa. Saurayi mai sikila da ya saba da gadon asibiti zai kalli nas ya ce, "Sista, ku yanka min kuɗin haya kawai in kawo katifata." Dattijon da ciwon suga ya sa aka yanke wa ƙafa zai aiki ɗansa ya tambayo mai takalma ko yana sayar da wari ɗaya. Ɗan ya ɓata rai, yana ganin abin ba na wasa ba ne. Uban kuwa shi ya san nauyin da ya sauke daga ƙirjinsa da wannan magana.

Wannan hali ba baƙo ba ne a wurinmu. Jika yakan tsaya a gaban kakansa ya ce, "Kai tsoho, yaushe za ka tafi mu ci gumba?" Kakan ya amsa da cewa sai ya ga bayan kowa tukuna. Da wani ne ya faɗi haka da an yi shari'a, amma tsakanin kaka da jika hanya ce ta ambaton mutuwa ba tare da gidan ya yi tsit ba. Haka Bafulatani da Babarbare, haka taubasai. A Nijar ma wannan wasan dangi ya kai matsayin da hukumar UNESCO, mai kula da ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta saka shi cikin al'adun duniya da ake karewa a 2014. Kuma ko yunwa ba ta tsira daga bakin mutanenmu ba. Da tsadar abinci ta kai intaha a farkon 2024, shinkafar da masu casa suke warewa a da, wadda ake ba kifi, ta dawo tukunyar mutane, aka laƙaba mata suna afafata. Mai saye da mai sayarwa duk suna dariyar sunan, kowa kuma ya san abin da ya kawo shi bakin buhun.

A fannin lafiya ba ma raina irin wannan raha. Idan mutum ya yi dariya ta gaske, jijiyoyin da suka ɗaure suna saki, numfashi yana daidaita, jiki yana fitar da sinadaran da ke rage raɗaɗi. Abin da ya fi wannan muhimmanci a ganina shi ne, mai barkwanci a kan ciwonsa ya samu hanyar ambaton abin da yake tsoro. Bahaushe ko yana gargara ka ce masa ya jiki, "da sauƙi" zai ce. Kunya da kara da gudun kada a ce bai da tawakkali sun rufe masa ƙofar cewa "ina jin tsoro". Ƙofar wasa ce kaɗai aka bar masa a buɗe. Don haka idan majinyacinku ya yi irin wannan magana, kada ku yi saurin ce masa "haba, daina faɗin haka". Ku yi dariyar tare da shi in ta zo muku.

Sai dai wasan na mai ciwon ne. Shi ke da ikon farawa, shi ke da ikon tsayarwa. Matar da ke fama da yoyon fitsari tana iya zolayar 'yar'uwarta da ke gadon kusa, su yi ta dariya su biyu, amma in kishiya ko dangin miji suka maimaita maganar nan a tsakar gida, ta zama wuƙa. Haka hotunan haɗarin mota ko na harin 'yan bindiga da ake yawo da su a WhatsApp da Facebook da rubutun ban dariya a ƙasa: wanda ke cikin hoton yana da uwa, kuma ita ma akwai waya a gidansu. Mu ma'aikata ma ba mu fita ba. Aikin dare da ganin gawa suna sa mu yi wasu zantuka a tsakaninmu don mu iya ci gaba, to amma labulen asibiti ba ya tare magana. A kuma kula da yara ƙanana, domin ba su gane gatse. Yaron da ya ji babansa yana cewa "ni dai ku fara haƙa ramina" zai iya kwana ido biyu.

Yanzu ga inda nake so ku buɗe kunne sosai. Akwai mutumin da ya gaji da rayuwa, kuma ba zai iya faɗa kai tsaye ba, sai ya naɗe maganar a cikin wasa ya jefo ta a majalisa, ya ga ko wani zai ɗauka. Kowa ya yi dariya, a watse, ya koma gida da tabbacin babu wanda ya ji shi. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce sama da mutum 700,000 ne ke kashe kansu duk shekara, kuma da yawansu sun taɓa furta wani abu kafin nan.

Ba kalmomin wasan ne za su nuna muku bambanci ba, abin da ke kewaye da su ne. Mai rahar da ke samun sauƙi yana gama dariya ya ci abincinsa, ya fita kasuwa, gobe ya zo da wani labarin. Wanda ke cikin haɗari kuwa wasansa ɗaya ne kullum, a kan mutuwarsa, ko a kan cewa ya zama kaya a wuyan iyalinsa. Dariyar ba ta kai ido. Barci ya ƙaurace masa, abinci ba ya shiga, ya daina zama cikin mutane, sana'ar da yake so ta fita ransa. In wannan ya wuce mako biyu, muna zargin ciwon damuwa, kuma ciwo ne kamar hawan jini, yana da magani. In kuma ya fara rabar da kayansa, yana bin mutane yana neman yafiya ba tafiya a gabansa, to abin ya zama na gaggawa. A sa ido musamman a kan mai jego, da manomin da ambaliya ko bashi ya karya, da wanda ya dawo daga hannun masu garkuwa, da matashin da ya shiga shan Tramadol ko kodin.

Kada ku tsare shi a gaban jama'a. Ku jira a watse, ku ja shi gefe: "Malam, maganar da ka yi ɗazu mun yi dariya, amma ta tsaya min a rai. Da gaske kana tunanin kashe kanka?" Mutane suna tsoron tambayar, wai kada su cusa masa tunanin da babu. Ba ta cusawa. Mai wannan tunani yakan ji sanyi ne da wani ya lura. In ya ce wasa ne kawai, ku ce to madalla, ku sake leƙa shi bayan kwana biyu. In ya yi shiru ko ya amsa, ku saurara, kada ku fara da wa'azi ko faɗa. Ya san haramun ne, sanin ma yana cikin abin da ya hana shi faɗa da wuri. Addu'a da nasiha suna da wurinsu, tare da magani.

Daga nan kada a bar shi shi kaɗai. A kwashe maganin ƙwari na gona da na ɓera da tarin ƙwayoyi daga inda hannunsa zai kai, a kulle. A raka shi asibiti mafi kusa a ranar, a faɗa wa ma'aikaci abin da ya ce ba ɓoye-ɓoye. In ana bukatar ƙwararru za a tura ku gaba: akwai asibitocin ƙwaƙwalwa a Barnawa ta Kaduna, da Kware a Sakkwato, da Maiduguri, da Dawanau a Kano, kuma asibitocin koyarwa suna da sashen. Wanda ya raka shi ya riƙe katin, ya kuma tuna ranar komawa, don mai ciwon damuwa yakan fasa zuwa na biyu.