Leƙen asirin Chaina bai faro daga balan-balan ba

Tun ranar 4 ga Fabrairun 2023 da jirgin yaƙin Amurka ya harbo wata ƙatuwar balan-balan a gaɓar tekun South Carolina, maganar leƙen asirin Chaina ta ƙi lafawa. Amurka ta ce na'urar leƙen asiri ce, Chaina ta ce ta binciken yanayi ce iska ta kwashe ta, daga nan kuma kowa ya samu abin faɗa, yau a ce wayoyin hannu ne ake leƙa mutane da su, gobe a ce wata manhaja ce, jibi a ce ɗaliban da ke karatu a Turai ne. Ni abin da ke ci min tuwo a ƙwarya a wannan muhawarar shi ne yadda ake magana kamar dare ɗaya Chaina ta kwanta ta tashi da iya wannan sana'a. Ai abin ya daɗe, kuma akwai hannun waɗanda suke kuka yau a cikin yadda ya girma.

Tsohon tarihin kusan kowa ya san shi, ba sai an ja ba. Sama da shekara dubu biyu da suka wuce Sun Tzu ya rufe littafinsa na dabarun yaƙi da babi guda a kan 'yan leƙen asiri, har ya kasa su gida biyar. Amma a ƙarnoni da dama Chaina ce ake yi wa satar fasaha. Ƙwan tsutsar siliki a ɓoye aka fitar da shi zuwa daular Rumawa ta Gabas a ƙarni na 6, irin shayi da sirrin sarrafa shi kuma Turawa suka kwasa zuwa Indiya wajen 1848. Sai yaƙin opium da Birtaniya na 1839 zuwa 1842, da shekaru kusan ɗari na wulaƙanci da suka biyo baya, inda ƙasar ta koyi cewa wanda ba shi da jirgin ruwan ƙarfe da igwa mai kyau, a gidansa ma taka shi ake yi. Ita kanta jam'iyyar kwaminis da ba don leƙen asiri ba da tuni ta zama labari, domin a Afrilun 1931 wani babban jami'inta ya faɗa hannun abokan gaba, wato jam'iyyar Kuomintang mai mulkin ƙasar a lokacin, ya fara tona asiri, sai Qian Zhuangfei, mutuminsu da suka dasa a ofishin tsaron abokan gabar, ya riga kowa karanta saƙonnin waya, shugabannin da ke Shanghai suka samu suka tsere. Bayan sun karɓi mulki a 1949 ba su manta ba. Ga kuma Qian Xuesen, masanin roka da Amurka ta tuhuma da kwaminisanci a 1950, ta tsare shi a ƙasarta shekara biyar, ya koma gida a 1955 ya jagoranci shirin makamai masu linzami. A 1964 Chaina ta gwada bam ɗin nukiliya, a 1970 ta harba tauraron ɗan Adam.

To inda nake so a tsaya a duba da kyau shi ne 1979, shekarar da ba kasafai masu muhawarar nan ke ambato ba.

A lokacin babbar damuwar Amurka ita ce Tarayyar Sobiyet. Ita ma Chaina haka, don a Maris na 1969 sojojinta da na Sobiyet sun zubar da jinin juna a kan wani ɗan tsibiri a kogin Ussuri. Wannan tsoron ne ya kai Shugaban Amurka Nixon Beijin a 1972, shi ne kuma ya sa aka ƙulla cikakkiyar hulɗar jakadanci ranar 1 ga Janairun 1979. Makonni kaɗan bayan haka jagoran Chaina Deng Xiaoping ya je Amurka, har aka ɗauke shi hoto a Texas sanye da malafar makiyayan can yana ɗaga wa jama'a hannu, mutane suna ta tafi. A daidai wannan lokacin kuma juyin juya hali ya kifar da Shah, sarkin Iran, kuma da faɗuwarsa Amurka ta rasa tashoshinta na sauraro da ke arewacin Iran.

Sai an fahimci aikin tashoshin nan kafin a gane girman asarar. Duk makami mai linzami da ake gwadawa, yana tafiya yana aiko wa injiniyoyinsa saƙonni ta rediyo, saurinsa, yadda yake shan mai, lokacin da wani sashe ya rabu da wani. Wanda ya kafa eriya a kan tsauni mai tsayi kusa da iyaka zai iya tsintar waɗannan saƙonni ya san ƙarfin makamin ba tare da ya gan shi ba. Daga Iran ake sauraron filin gwajin Sobiyet na Tyuratam da ke Kazakhstan, kuma a daidai lokacin ana ƙoƙarin kammala yarjejeniyar taƙaita makamai ta SALT II, 'yan majalisar dattawan Amurka suna tambaya ta yaya za a tabbatar Mosko ba ta ha'inci in ba a jin abin da take gwadawa. Da aka duba taswira, wurin da ya rage mai kyau shi ne yammacin Chaina.

Deng ya yarda a kafa tashoshin a Chaina, amma da sharaɗi, kuma wannan sharaɗin ne zuciyar labarin. Kayan aiki na Amurka ne, bayanan da aka samu a raba, amma 'yan Chaina ne za su zauna gaban na'urorin. Haka aka kafa tashoshi a Qitai da Korla a yankin Xinjiang, Amurkawa suka kawo na'urori na zamani, suka horar da ma'aikatan Chaina yadda ake kama sigina, yadda ake tace ta daga hayaniya, yadda ake adana ta. Jaridun Amurka sun fasa ƙwan a watan Yunin 1981, amma ba a yi wani surutu ba, don a lokacin kowa na ganin riba ce. Jamus ta Yamma ma ta yi irin nata haɗin gwiwar a yankin. Kamar mai gareji ne da ya ɗauki yaro don ya riƙa miƙo masa sifana, shekara goma yaron na kallon yadda ake kwance inji ana ɗaurawa, to ba a mamaki in wata rana ya buɗe nasa garejin a tsallaken titi.

Kuma ba tashoshin sauraro kaɗai ba ne. Bayan Sobiyet ta shiga Afganistan a Disambar 1979, an riƙa sayen makamai daga Chaina ana kai wa mujahidai ta Pakistan. A 1984 an sayar wa Chaina jirage masu saukar ungulu 24 samfurin Black Hawk, a 1986 aka ƙulla shirin gyara na'urorin jiragen yaƙinta na J-8 da fasahar Amurka. Ɗalibai kuwa, rukunin farko na mutum 52 ne suka sauka Amurka a ƙarshen Disambar 1978, daga baya suka zama dubbai, sannan dubban ɗaruruwa, kuma mafi yawansu karatu ne kawai ya kai su, wannan gaskiya ce da ya kamata a riƙa faɗa. A cikin gida ita ma Chaina ba ta zauna ba, a 1983 ta haɗe sassan tsaronta na sirri a ƙarƙashin ma'aikata guda, a Maris na 1986 kuma masana kimiyya huɗu suka rubuta wa Deng wasiƙa cewa in ba a tashi tsaye ba za a sake barin ƙasar a baya, daga nan aka haifi shirin 863 na neman fasahar zamani, daga sararin samaniya har kwamfuta. Wato a shekaru goman nan ƙishirwar fasaha ta haɗu da buɗaɗɗiyar ƙofa, kuma waɗanda suka buɗe ƙofar sun yi ne don biyan buƙatarsu ta lokacin, ba wanda ya tilasta su.

Murƙushe masu zanga-zanga da sojojin Chaina suka yi a kewayen dandalin Tiananmen na Beijin a Yunin 1989 ya kashe cinikin makaman, rushewar Sobiyet a 1991 kuma ta ɗauke dalilin abotar gaba ɗaya. Amma ilimi ba a karɓe shi bayan an bayar. Daga nan zargi ya maye gurbin zumunci. Yaƙin Tekun Fasha na 1991 ya nuna wa sojojin Chaina irin tazarar da aka ba su, bam ɗin Amurka ya faɗa ofishin jakadancinsu a Belgrade a Mayun 1999 mutum uku suka mutu, a Afrilun 2001 jirgin leƙen asirin Amurka ya yi karo da na yaƙin Chaina ya sauka dole a tsibirin Hainan da mutum 24 a ciki. A can Amurka kuma tsoro ya fara sa ana tsananta wa mutane fiye da laifinsu, kamar Wen Ho Lee, masanin da aka kama a 1999 aka kulle shi wata tara shi kaɗai, a ƙarshe tuhuma ɗaya tak ta tsaya cikin 59, alƙali da bakinsa ya ba shi haƙuri. Duk da haka a Disambar 2001 aka shigar da Chaina ƙungiyar ciniki ta duniya, masana'antu suka yi ta tururuwa can da zanen kayayyakinsu da sirrin haɗa su, saboda arahar ma'aikata da girman kasuwa, wasu ma da sharaɗin sai sun yi tarayya da kamfanin gida.

Sauran labarin zamanin intanet ne, shi ake ta maimaitawa. A 2015 aka gano an sace bayanan mutum sama da miliyan 21 daga rumbun ma'aikatan gwamnatin Amurka, aka nuna Chaina da yatsa, ta musanta. A 2017 ta yi dokar da ta wajabta wa ƙungiyoyi da 'yan ƙasa taimaka wa aikin tattara bayanan sirri, wadda ita ce ake kafa hujja da ita a duk rigimar wayoyi da manhajoji. Ita kuma Beijin tana tuna wa duniya takardun sirrin Amurka da suka fito fili a 2013, waɗanda suka nuna ba ita kaɗai ke leƙe ba.

Mu ma a Afirka abin ya taɓa mu. A Janairun 2018 jaridar Le Monde ta Faransa ta ruwaito cewa shekara biyar ana kwasar bayanai cikin dare daga hedikwatar Tarayyar Afirka da ke Adis Ababa zuwa Shanghai. Chaina ta ce zancen banza ne, shugabancin Tarayyar ma ya musanta, don haka zargi ne har yau. Sai dai abin da ba a musu a kai shi ne ginin kyautar Chaina ne, na kusan dala miliyan 200, an buɗe shi a 2012, kuma a cewar rahoton da na'urorin kwamfutarsa a haɗe aka miƙa shi, sai daga baya Tarayyar ta sayi nata ta ɗora ma'aikatanta a kai. Alhali kuwa Chaina da ba ta da irin na'urorin Amurka a 1979 sai da ta tsaya kai da fata 'yan ƙasarta ne za su zauna gaban na'ura tun ranar farko.