Mene ne DLC, kuma me ya sa ba ya bin mai shi daga wani kanti zuwa wani?

DLC haruffa uku ne da suka shigo bakin matasanmu ta gidajen gem da wayoyin hannu, har ta kai yaron da ke buga ƙwallo a PS4 a bayan tashar Ringim ko Ɗambatta ya san su. Abin da ake nufi da DLC shi ne duk wani ƙari da kamfani ya yi wa wasan da ya riga ya fitar, wanda ake saukewa ta intanet a ɗora a kan asalin wasan. Yana iya zama sabon labari, sabuwar taswira, ƙarin motoci, ko riga da makamin da ɗan wasa zai riƙe. Wani kyauta ne, akasari kuwa na kuɗi ne. Abu ɗaya ya haɗa su duka: DLC ba ya tsayawa da ƙafarsa, sai da uwar wasan a ƙarƙashinsa.

Girmansa ya bambanta ƙwarai. A 2006 kamfanin Bethesda ya sayar da sulken doki a wasan Oblivion a kan dala biyu da rabi, 'yan wasa suka yi ta ƙorafi cewa an maida su saniyar tatsa. Shekara goma bayan haka, a 2016, aka fitar wa The Witcher 3 ƙarin da ake kira Blood and Wine, wanda yake da ƙasa guda sabuwa da labarin da mutum zai kwana da kwanaki bai gama ba. Duka biyun sunansu DLC.

Kada a haɗa shi da sabuntawar da kamfani ke turowa don gyara kurakuran wasa, wannan kowa na samu kyauta. Kada kuma a haɗa shi da fayil ɗin da masu gidan gem ke sa wa wasan ƙwallo na PES ta fulash don rigunan ƙungiyoyi da sunayensu su fito daidai. Wannan fayil masoya wasan ne suke haɗa shi, ba kanti ne ya sayar da shi ba, shi ya sa fulash ɗaya zai iya zagaye gidajen gem na gari guda. Ina ganin daga nan ruɗanin cewa ana iya tura DLC hannu da hannu ya samo asali.

A ƙauyukanmu komai na waya da kwamfuta hannu da hannu yake tafiya. Data na da tsada, sabis kuma sai an nemi inda yake kamawa. Mutum ɗaya zai shiga Kano, ya je Farm Centre ko titin Beirut a cika masa mimori, ya dawo ya raba wa unguwa ta Xender. To idan ƙanenka ya ji kana da ƙarin wasan da shi ma yake bugawa, abin da zai ce shi ne, "Yaya, ka tura min kawai, ai wasan ɗaya ne." Ka tura, fayil ya shiga lafiya lau, ya buɗe wasa bai ga komai ba. Sai a fara zargin fulash ko a ce kwamfutar ce ta tsufa, alhali ba laifinsu ba ne.

Abin da mutum ya biya kuɗi a kai abu biyu ne a haɗe, fayil da kuma izini. Fayil ɗin shi ne hotuna da sauti da taswirar da ke sauka a na'urarka. Izinin kuwa ba ya na'urarka, rubuce yake a manyan kwamfutocin kantin da ka saya, cewa asusu kaza ya mallaki ƙari mai lamba kaza. Duk sanda wasan ya tashi, yana tambayar manhajar kantin ne: wannan asusun yana da wannan lambar? In aka ce e, ƙofa ta buɗe. In aka ce a'a, ko fayil ɗin na nan cikakke, wasan zai yi kamar bai gan shi ba. A wasu wasannin ma fayilolin ƙarin tun farko suna cikin abin da kowa ya sauke, abin da ake saya makulli ne kawai. Kamar katin waya ne: kuɗinka ne, ka biya, amma katin MTN ba ya shiga layin Airtel.

A kwamfuta manyan kantunan uku ne suka fi shahara. Akwai Steam na kamfanin Valve, wanda ya fara a 2003. Akwai GOG da aka kafa a Poland a 2008. Sai kantin Epic da ya buɗe a ƙarshen 2018. Wasa ɗaya yana iya kasancewa a duka ukun, suna ɗaya, hoto ɗaya, amma kowane kanti da nasa kwafin da aka ɗinka wa tsarinsa, kuma babu wanda ke duba littafin ɗan'uwansa. Inda mutanenmu suka fi faɗawa shi ne nan: Epic na raba wasanni kyauta kowane mako, har GTA V ya taɓa rabawa a watan Mayun 2020. Ɗalibi mai laftof zai karɓi uwar wasa kyauta a can, daga baya ya ga an karya farashin ƙarin wasan a wani shafi mai sayar da lambobin Steam, ya tattara kuɗin da ya daɗe yana tarawa ya saya. Da ya shigar da lambar, Steam zai ce masa sai ya mallaki uwar wasan a Steam tukuna. Wanda yake da shi a Epic ba a lissafa shi.

Me ya hana su haɗa kai? Akwai ɓangaren fasaha, domin kwafin kowane kanti yana iya bambanta da na wani a lambar sabuntawa da yadda yake magana da manhajar kantin. Amma ni a ganina babban dalilin kuɗi ne. Steam ya saba ɗaukar kashi 30 cikin ɗari na abin da aka sayar, Epic ya shigo da kashi 12. Kantin da bai ci ko sisi a cinikin ba, ba shi da abin da zai sa ya ɗauki nauyin ba ka kayan. Hujjata kuwa ita ce duk sanda kamfani ya ga dama, abin yana yiwuwa. A watan Oktoban 2019 wasan Destiny 2 ya tashi daga kantin Battle.net ya koma Steam, aka bar 'yan wasa suka kwashe abin da suka saya kyauta. A 2022 Bethesda ya rufe tasa manhajar, ya ba mutane hanyar maida wasanninsu Steam. GOG ma a 2016 ya fito da wani tsari mai suna GOG Connect, wanda ke ba mai wasu wasanni a Steam kwafinsu a GOG ba tare da ƙarin kuɗi ba, daga baya aka daina. Duk waɗannan kamfani ne ya buɗe ƙofar da kansa. Babu wanda ya samu ta hanyar kwafar fayil.

GOG ya cancanci a tsaya a kansa kaɗan, domin shi ya fi dacewa da irin rayuwarmu. Wasanninsa ba su da makullin da ke neman intanet kafin su tashi. Kana iya sauke fayil ɗin girkawa sau ɗaya a inda sabis ke da ƙarfi, ka ajiye a fulash, ka girka a gida ko babu sabis ko ɗigo. Ga wanda ke zaune a ƙauyen Babura ko Gwiwa wannan ba ƙaramin abu ba ne. Sai dai ko a nan, fayil ɗin DLC na GOG uwar wasa ta GOG yake nema. Akwai tsofaffin wasannin da in mutum ya kwafi fayilolin da hannu zuwa kwafin wani kanti sukan yi aiki, amma sa'a ce, sabuntawa ɗaya na iya rushe komai, kuma babu kamfanin da zai saurare ka in ya lalace.

Matsalar da ta fi cin kuɗin masu gidan gem a wajenmu ba ta kwamfuta ba ce, ta PlayStation ce. A nan kanti ɗaya ne, na Sony, amma an raba shi yanki-yanki, kuma kowane yanki kamar kanti ne mai zaman kansa. Najeriya ba ta cikin ƙasashen da ake zaɓa wajen buɗe asusun, shi ya sa kowa ke zaɓar Amurka ko Ingila, sau da yawa ma mai gyaran da ya saita na'urar ne ya zaɓa ba tare da ya faɗa wa mai ita ba. Ƙasar da aka zaɓa kuma ba ta canzuwa bayan an buɗe asusun. A ɗaya gefen, fayafayan da ke shigowa kasuwanninmu gauraye suke, wani daga Turai, wani daga Amurka, wani daga Dubai. Faifan kowane yanki zai yi aiki a kowace PS4, wannan ba matsala, kuma shi ke sa mutum ya saki jiki. Ƙarin ne ba ya yarda. In faifanka na Turai ne, ka sayi ƙarinsa da asusun Amurka, kuɗi zai fita, ƙarin zai sauka, wasan kuma ba zai gan shi ba, domin a wajen na'urar wasanni biyu ne daban masu lamba daban.

Ana iya gane yankin faifai tun kafin a biya. A jikin kwalin wasan PS4 akwai lamba da ta fara da CUSA, na PS5 kuma PPSA, kuma lambar wasa ɗaya takan bambanta daga yanki zuwa yanki. Hanya mafi sauƙi ita ce duba tambarin shekarun da ke ƙasan kwalin ta gaba. In an rubuta ESRB, na Amurka ne. In PEGI ne mai lamba kamar 3 ko 18, na Turai ne. Katin kuɗin da ake saya a loda wa asusu shi ma sai ya dace da ƙasar asusun. Wanda ya riga ya sami kansa da faifan Turai da asusun Amurka yana da mafita: ya buɗe asusu na biyu na Ingila a na'urar, ya maida na'urar ta zama babbar na'urar wannan asusun a saituna, ya sayi ƙarin da shi. Yawancin ƙari sauran asusun da ke kan na'urar za su iya amfani da shi. Banda kuɗin cikin wasa, irin makin da ake saya a FIFA ko FC, wannan yana maƙale da asusun da ya saya.

A waya kuwa, inda mafi yawan yaranmu suke, labarin ya ɗan sauya. Lu'ulu'un Free Fire da UC na PUBG Mobile, wato kuɗin cikin wasannin, da kayan da aka saya da su suna rubuce ne a asusun wasan, don haka suna bin mutum zuwa sabuwar waya, muddin ya ɗaure asusun da Facebook ko Google. Wanda ya shiga a matsayin baƙo bai ɗaure ba, ranar da wayar ta faɗa ruwa ko aka yi mata filashin, shi ke nan. Abin yana ba ni tausayi, domin na san yadda yaro ke haɗa ɗari biyu da ɗari biyar daga aikin gona ko tallan rake kafin ya saya. PUBG Mobile kuma iri-iri ne, akwai na duniya, akwai na Koriya da Japan wanda wasu ke karɓa ta Xender saboda kyaututtukansa, akwai na Indiya mai suna daban, kuma asusun wannan ba ya buɗewa a wancan. A eFootball ana iya ɗauke ƙungiya zuwa wata waya ta asusun Konami, amma tsabar da aka saya ba ta tsallakawa daga Android zuwa iPhone.

Akwai wata kalma da ke ƙara ruɗa mutane, wato a ce wasa yana barin ci gabanka ya bi ka daga na'ura zuwa na'ura. Ci gaba daban, ƙari daban. A Destiny 2 jaruminka da makamansa suna bin ka daga PlayStation zuwa kwamfuta, amma manyan ƙarin labarin sai ka sake saye a can. A Fortnite kuwa rigunan da ka saya suna bin asusunka na Epic duk inda ka shiga. Kowane wasa da dokarsa, kuma tana rubuce a shafin sayarwa, galibi da ƙananan haruffa a ƙasa, inda ake cewa ƙarin yana buƙatar uwar wasa a kanti kaza.

Su kansu kantunan sun daina ɓoye cewa izini suke sayarwa. Bayan jihar Kalifoniya ta yi doka a 2024 kan yadda ake tallata kayan dijital, Steam ya fara rubuta wa mai saye a wajen biya cewa lasisi yake saya. A shekarar ce kuma Ubisoft ya kashe wasan The Crew, waɗanda suka biya kuɗinsa da na ƙarinsa suka rasa hanyar buga shi. Wannan ne ya sa nake jin tsoron cinikin asusu da ake yi a WhatsApp, inda wani zai ce yana da asusu cike da wasanni da ƙari a kan kuɗi kaɗan. Dokokin kantunan sun hana sayar da asusu, kuma wanda imel ɗin farko ke hannunsa yana iya karɓe abinsa duk ranar da ya so, mai gidan gem ya wayi gari da kwastomomi a kan benci da wasannin da suka kulle.

Wanda ya riga ya sayi ƙarin da bai dace da wasansa ba, yana da ɗan lokaci. Steam na maida kuɗin DLC da aka saya kai tsaye a kantinsa cikin kwana 14 in ba a buga wasan ya kai awa biyu ba tun bayan sayen. Kantin PlayStation ma kwana 14 ne, amma da sharaɗin ba a fara sauke abin ba. Don haka in ka biya sannan zuciyarka ta raya maka cewa yankin bai dace ba, kada ka danna saukewa don gwaji. Ɗauko kwalin ka duba tambarin tukuna, in ya saɓa da ƙasar asusunka ka nemi a maida maka kuɗinka.