Wai mene ne "albam ɗin situdiyo"? Mu duba baƙin albam ɗin Metallica

In kana bibiyar labaran mawaƙan ƙasashen waje a intanet dole ka taɓa cin karo da maganar nan, wai ƙungiya kaza ta saki albam ɗinta na situdiyo na biyar ko na goma, sai ka ce to dama akwai albam ɗin da ba a situdiyo ake yin sa ba ne? Akwai kuwa. Mu nan da an ce albam abin da ke zuwa mana a rai shi ne mawaƙi ya tara waƙoƙi goma ko sha biyu ya sake su lokaci guda, shi ke nan magana ta ƙare, amma su can sun rarraba abin gida-gida kuma kowane da matsayinsa.

Albam ɗin situdiyo shi ne kundin sababbin waƙoƙi da aka ɗauka a ɗakin ɗaukar sauti, ba ƴan kallo, ba hayaniya, in an yi kuskure a tsaya a sake, in abu bai yi daɗi ba a goge a koma farko. Kishiyarsa shi ne wanda aka ɗauka kai tsaye a wajen wasa da ihun jama'a da komai, kamar tsofaffin kasusuwan makaɗanmu da aka ɗauka a wajen biki, kana jin guɗa, kana jin sanƙira yana shelar wanda ya ba da kyauta. Sai kuma wanda ake tattaro tsofaffin waƙoƙin da suka yi tashe a haɗa su wuri ɗaya, da gajere mai waƙa huɗu ko biyar da suke kira EP, da demo wanda shi gwaji ne kawai ba don kasuwa ake yin sa ba. In za a ƙirga aikin mawaƙi na situdiyon kaɗai ake lissafawa. Shi ya sa ake cewa Metallica, ƙungiyar makaɗan hebi metal ta Amurka, na da albam 11 zuwa wanda suka saki a 2023, alhali in ka haɗa da na wajen wasa da sauran tarkace sun wuce haka nesa ba kusa ba.

Na zaɓi in yi misali da ƴan hebi metal ne don a wajensu bambancin ya fi fitowa fili. Ma'anar sunan dai ƙarfe mai nauyi, kiɗa ne na jitar lantarki da ake ƙure mata amfilifaya har muryarta ta dushe ta yi kauri, ga jitar bes mai sautin ƙasa, ga ganguna da ake duka ba sassauci. Na san da yawa daga cikinmu in sun ji sai su ce ai wannan hayaniya ce kawai, ni ma ba zan ce kowa sai ya so shi ba, amma duk wanda ya zauna ya saurara da kunnen basira zai gane akwai lissafi a ciki sosai. Yawanci ana danganta farkonsa da Black Sabbath, samari huɗu ƴan Birmingham a Ingila, garin masana'antu. Mai jitarsu Tony Iommi inji ya datse masa kan yatsu biyu a wata masana'antar ƙarfe yana ɗan shekara 17, sai ya haɗa wa kansa na roba ya ci gaba da kiɗa da tsirkiya mai laushi, daga baya ma ya riƙa sassauta ɗaurinta don kada ta yi masa ciwo, kuma hakan ya taimaka wajen ba kiɗan nasu wannan nauyin. Albam ɗinsu na farko da ya fito ranar 13 ga Fabrairu 1970 a rana ɗaya suka ɗauki kusan dukkansa a Landan, shiga suka yi suka buga kamar suna kan dandali suka fito. Shi ma albam ɗin situdiyo ne. Ka riƙe wannan a ranka, rana ɗaya.

To yanzu mu zo kan Metallica. A 1981 aka kafa ƙungiyar a Los Angeles ta Amurka, James Hetfield mai waƙa da jita da Lars Ulrich mai ganga, ɗan asalin Denmark, su suka fara ta. Salonsu tirash ne, wato reshen metal mai tsananin gudu. Albam huɗu suka yi tsakanin 1983 da 1988, a tsakiyar nan kuma suka yi babban rashi, mai bes ɗinsu Cliff Burton ya rasu a hatsarin motar bas a Suwidin a watan Satumba 1986, Jason Newsted ya maye gurbinsa. Albam na huɗun, na 1988, ya samu kasuwa amma yana da matsala biyu da su kansu suka yarda da ita daga baya, waƙoƙin sun yi tsawo har wasu na neman minti goma da sauye-sauyen kiɗa barkatai, sannan bes ɗin Newsted kusan ba a jin sa kwata-kwata, an danne shi a wajen haɗa sauti. Mutum ya buga kiɗansa tsaf amma in ka sa kaset ɗin kamar babu shi a ɗakin. Wannan kaɗai ya isa ya nuna maka cewa abin da ke cikin albam ɗin situdiyo ba lallai shi ne abin da aka buga a ɗakin ba, abin da masu riƙe da na'ura suka zaɓi ka ji ne.

A nan ne maganar furodusa ta shigo. A situdiyoyinmu sau da yawa mutum ɗaya ne ke zaune gaban fiyano da kwamfuta, shi ne mai kiɗa shi ne mai ɗauka shi ne mai haɗawa. A wajen ƙungiya irin wannan makaɗan suna da kayansu a hannu, aikin furodusa shi ne ya zama kunne na waje, ya ce nan ya yi tsawo a rage, nan ba ka ba da murya ba a sake, wannan gangar ba ta zauna ba. Sai suka ɗauko Bob Rock, ɗan Kanada, saboda sun ji yadda ya fito da sautin albam ɗin Mötley Crüe na 1989, ƙungiyar da masoyan Metallica ke yi wa kallon ƴan gayu masu kwalliya. Tun daga nan wasu suka fara gunaguni.

An shiga situdiyon One on One da ke North Hollywood a watan Oktoba 1990, ba a gama ba sai Yuni 1991. Wata tara kusan. Bob Rock ya sa su su riƙa buga waƙoƙin tare a ɗaki ɗaya, abin da ba haka suka saba yi ba, kuma waƙa ɗaya sai a yi ta maimaita ta ba adadi. A lokacin a kan tef ake ɗauka ba kwamfuta ba, don haka in ana son a gyara ganga sai injiniyan sauti, Randy Staub, ya zauna da reza ya yanko inda ya fi kyau a wannan ɗaukar ya manna da inda ya fi kyau a waccan, har a samu ganga guda mai tafiya daidai daga farko zuwa ƙarshe. Kai da kake saurare kana jin kamar Lars ya zauna ya buga sau ɗaya ne, alhali ɗinki ne. Bayan ganga ta zauna sai a ɗora jita, ita ma ba sau ɗaya ba, Hetfield zai buga abu ɗaya a jera shi kan juna hawa-hawa har ya yi kauri kamar katanga, sai bes, sai jitar Kirk Hammett, ɗaya mai jitar ƙungiyar, mai kukan nan ta tsakiyar waƙa, sai murya.

Kuma ba na'ura kaɗai furodusan ya taɓa ba, har cikin waƙoƙin ya shiga. Enter Sandman, wadda ta buɗe albam ɗin, Hammett ne ya zo da rif ɗinta, rif shi ne ɗan gajeren salon jita da ake ta maimaitawa wanda waƙar ke tsaye a kansa, to baitukan da Hetfield ya fara rubuta mata a kan mutuwar jariri a cikin barci ne, sai Lars da Bob Rock suka ce masa gaskiya ya sake, zai iya yin wanda ya fi haka. Kafin nan ba mai iya tunkarar Hetfield da irin wannan maganar. Ya sake ɗin, ta koma maganar mugun mafarki da tsoron dare na yaro. A Sad but True kuma shawara aka ba su su sassauta ɗaurin jitocin su yi ƙasa, sai waƙar ta zama mai tafiyar giwa, ba gudu amma ƙasa na girgiza. Sai Nothing Else Matters, waƙar bege ce da Hetfield ya yi don kansa yana kan tafiye-tafiyen wasa yana kewar budurwarsa, bai ma yi niyyar ta shiga aikin ƙungiya ba, aka sa ta, har aka kira Michael Kamen ya tsara mata kiɗan goge irin na Turawa. Ƙungiyar tirash da waƙar soyayya da goge, ka ga dalilin rigima tun kafin a je ko'ina.

An sha faɗa sosai a ɗakin nan, akwai ma fim ɗin da aka ɗauka na yadda aikin ya gudana wanda ya fito a 1992, kana ganin yadda suke cacar baki da furodusan. Uku daga cikinsu, Lars da Kirk da Jason, aurensu ya mutu a wannan tsakanin. Da aka gama ɗauka sai miksin, wato daidaita ƙarfin kowane sauti, wa zai fito gaba wa zai koma baya, wa zai zauna a kunnen dama wa a na hagu, sau uku aka sake wannan aikin kafin su gamsu. Daga nan sai mastarin, gogewar ƙarshe da ake yi don waƙoƙin su zo da ƙarfi iri ɗaya a kowace sifika, George Marino ne ya yi. Kuɗin da aka kashe gaba ɗaya ya kai wajen dala miliyan 1. Black Sabbath rana ɗaya, waɗannan wata tara, kuma duka sunan aikin nasu ɗaya ne.

Ya fito ranar 12 ga Agusta 1991 ƙarƙashin kamfanin Elektra, waƙa 12, minti 62 da ɗoriya, ba wadda ta kai minti bakwai. Sunansa na gaskiya Metallica kawai, amma da yake bangon baƙi ne wuluk, sai ka ƙura ido za ka hango sunan ƙungiyar da wani maciji a naɗe a gefe, sai jama'a suka raɗa masa baƙin albam kuma sunan ya bi shi. Kafin fitowarsa ma sai da aka tara dubban mutane a Madison Square Garden da ke New York don kawai a kunna musu shi su ji. Ya shiga jadawalin Billboard na cinikin albam a Amurka a matsayi na ɗaya ya yi mako huɗu a can, abin da ba su taɓa samu ba, ya ci kyautar waƙa ta Grammy a 1992, kuma a Amurka kaɗai an sayar da sama da kwafi miliyan 16. Tun daga 1991 da aka fara ƙirga cinikin faifai da na'urar SoundScan babu albam ɗin da ya kai shi ciniki a ƙasar, kowane irin kiɗa ne kuwa. A ƙarshen Satumba na shekarar suka yi wasa a filin jirgin Tushino da ke Mosko gaban dubun dubatar mutane, makonni kaɗan bayan yunƙurin juyin mulkin da aka yi a Tarayyar Sobiyet.

Amma fa tsofaffin masoya da yawa ba su ji daɗi ba, kuma har gobe ana wannan musun. Zargin shi ne sun sayar da kansu, sun rage gudu sun gajarta waƙa don gidajen rediyo da tashar talabijin ta MTV su sa su, sun bar waɗanda suka sha wuya da su tun suna wasa a ƙananan kulob sun koma neman kowa da kowa. Ni dai na fahimci zafin, don in ka so abu tun ba wanda ya san shi sai ka wayi gari ana sa shi a kowane kanti dole ka ji kamar an ƙwace maka. Amma ban yarda cewa albam ɗin ya rasa nauyi ba. Gudu daban nauyi daban. Abin da aka yi a wata taran nan shi ne an buɗe wa kowane sauti fili ya numfasa, ganga ta samu faɗi, bes ya dawo, muryar Hetfield ta koma waƙa ta gaske ba tsawa kaɗai ba, kuma wallahi in aka ce in zaɓi inda sautinsu ya fi cika kunne wannan zan nuna. Inda nake ba masu ƙorafi gaskiya shi ne rabin ƙarshe na albam ɗin bai kai rabin farko ba, akwai waƙa biyu ko uku da in an cire su ba abin da zai ragu.

Bob Rock da aka rabu da shi ana jin haushin juna shi suka sake kira, ya ci gaba da yi musu aiki har zuwa albam ɗin 2003, kafin su koma wajen wani furodusan, Rick Rubin, a na 2008. Da albam ɗin ya cika shekara 30 a 2021 kuma sai aka samu mawaƙa 53 daga salo daban-daban, har da waɗanda ba ruwansu da metal, suka sake rera waƙoƙin nan 12 kowa da irin nasa. In kana son ka ji aikin furodusa da kunnenka, sa iyafis ka kunna waƙa ɗaya daga albam ɗin 1988 ka nemi bes a ciki, sannan ka kunna Sad but True. Mutum huɗun nan dai su ne, shekara uku ce kawai tsakani.