Ka ƙi bin odar kotu sannan ka ɗaukaka ƙara, dole ne kotun sama ta saurare ka?

Mutane da yawa sun ɗauka da zarar lauya ya shigar da takardar ɗaukaka ƙara shikenan odar da alƙalin ƙasa ya bayar ta tsaya cak. Ba haka bane fa. Odar tana nan da ranta har sai wata kotu ta soke ta ko ta dakatar da ita, dakatarwar ma roƙonta ake yi daban, in alƙalai sun ga dama su ba ka in sun ga dama su hana. Kayi gaban kanka kafin nan to ka raina kotu, tara ce ko gidan yari.

In an hukunta mutum kan raina kotu ya garzaya sama, kotun ɗaukaka ƙara ba wai sake shari'ar take daga farko ba, kuma ba ta rushe hukunci don kawai da su ne da sun yanke wani abu daban. Dubawa take shin alƙalin yana da hurumi, odar a fayyace take ko a dunƙule, an sanar da mutumin, an ba shi damar kare kansa, sannan hukuncin bai wuce gona da iri ba. In ta ga kuskure tana iya sokewa, ko ta rage, ko ta maida ɗauri tara.

Amma inda zaɓin nata yafi ƙarfi shine tana iya cewa ba za ta ma saurare ka ba sai ka bi odar tukunna. Shari'ar Hadkinson a Ingila a 1952 ita ake yawan kafa hujja da ita. Kotu ta baiwa wata uwa riƙon ɗanta bisa sharaɗin kada ta fitar da shi daga ƙasar, ta ɗauke shi ta tafi Ostireliya, aka ce ta dawo da shi sai ta ɗaukaka ƙara, alƙalai suka ce a'a, yaron ya dawo tukunna sannan a yi magana. Amma ɗaya daga cikin alƙalan, Mai shari'a Denning, ya ja layi, yace hana mutum magana a kotu ba ƙaramin abu bane, sai in bijirewar tasa tana tare hanyar adalci kuma babu wata dabarar tilasta shi. Wato zaɓi ne ba farilla ba, kuma galibi ba a rufe ƙofa ga wanda yazo neman afuwa ko yake ƙalubalantar ita kanta odar.

Gwamnati ma bata tsira ba. A 1986 gwamnatin soja ta jihar Legas, bayan ta fitar da Ojukwu, tsohon jagoran Biafra, daga gida a Ikoyi da ƙarfin tsiya alhali magana na gaban kotu, kuma taƙi bin odar maida shi, sai ta je Kotun Ƙoli neman a dakatar da odar. Aka ƙi.

Wadda ke damuna ita ce ta Amurka. A 1963 wata kotu ta hana Martin Luther King, jagoran fafutukar 'yancin baƙar fata, da mutanensa yin maci a Birmingham ta jihar Alabama, suka fita abinsu, aka yanke musu ɗaurin kwana 5. A 1967 Kotun Ƙoli, da rinjayen alƙalai 5 a kan 4, ta tabbatar da hukuncin, tace ko da odar tana da matsala da tsarin mulki to kamata yayi su fara neman kotu ta janye ta ba su taka ta ba. Ni dai a ganina hujjar alƙalai huɗun tafi nauyi, tunda su King ba su nan aka bada odar kuma kwana biyu ya rage a yi macin.